Hirar Ƙarƙashin Ɗankwali: Amosanin Kai da Man da Muke Lafta Masa

Ƙawayena, ku gyara zama ku matso kusa. Tunda mu ya mu ne, babu baƙo a cikinmu, yau so nake mu taɓa abin nan da kowace ke fama da shi a ɓoye tana zaton ita kaɗai ce, wato amosanin kai.

Kun san yadda abin yake ranar tsifa. Kin baje a kan tabarma, kin kwance kitson da ya kwana biyu a kanki, kina sa mataji sai farin gari ya fara zuba kamar dusa, a kafaɗa, a cinya, har kan zanen da kika shimfiɗa. Ki kai farce cikin tsaga ki ɗan sosa, ya fito cike da wani abu mai danƙo, fari-fari ko rawaya-rawaya, da ɗan warin maiƙo. Idan a gida ne da sauƙi. Idan kuwa gidan mai kitso ne, ga mata sun yi layi kowace ido a kanki, ta dafa kan ta buɗe tsagar farko ta ce, "Hajiya, kan nan naki fa sai an kankare," sai ki ji kamar ƙasa ta tsage ki shige. Akwai wadda saboda wannan ba ta zuwa kitso sai ta tabbatar babu kowa. Akwai wadda ta haƙura da baƙin hijabi. Akwai amaryar da ko a ɗakinta ba ta yarda ta tuɓe ɗankwali gaban angonta. Wannan kunyar ce take damuna, domin ita ke hana mu tambaya, rashin tambayar kuma shi ke sa mu shekara da shekaru muna yin abin da yake ƙara wa abin ƙarfi.

To bari in fara sanyaya muku rai. Likitocin fata sun ƙiyasta cewa kusan rabin manyan mutanen duniya suna samun amosani a wani lokaci na rayuwarsu. Bature na yi, Balarabe na yi, mai wanke kai kullum na yi, mai kuɗi da talaka duk na yi. Maza ma sun fi mu, aski da hula ne kawai suke rufa musu asiri. Ba a ɗaukarsa daga wani, kuma ba a shafa wa wani. Ko da kin ari matajin mai amosani, ba daga nan naki ya zo ba. Saboda haka maganar da ake yaɓa wa mace cewa ƙazanta ce ta jawo mata, ko a gidan kitso ta kwaso, ba ta da tushe.

Ga yadda yake faruwa. A fatar kan kowane baligi akwai wata 'yar ƙwayar halitta da ido ba ya gani, dangin yis ɗin da ake kwaɓa fulawa da shi. Sunanta Malassezia, an sa mata sunan wani masani Bafaranshe, Louis-Charles Malassez, wanda ya bayyana ta a 1874 bayan ya duba garin amosani da madubin ƙara girma. Tana kaina, tana kanki, tana kan wadda ba ta taɓa ganin amosani ba. Ita wannan ƙwaya ba ta iya haɗa wa kanta kitsen da take buƙata, dole sai ta samu a waje, shi ya sa take zama inda fata ta fi fitar da maiƙo: kai, gira, gefen hanci, bayan kunne, tsakiyar ƙirji. Idan ta ci maiƙon, sai ta bar ragowar wasu sinadarai a kan fatar. Wata fatar ba ta damuwa da su ko kaɗan. Wata kuma da sun ratsa ta sai ta fusata, ta fara ƙaiƙayi, ta shiga sabunta kanta da gaggawa. A ƙa'ida fatar mutum takan ɗauki kusan wata guda kafin ta saɓe, a hankali, ƙwaya-ƙwaya yadda ba za ki lura ba. A kan mai amosani kuwa abin yakan faru cikin mako guda ko ƙasa da haka, sai matattun ƙwayoyin fatar su fito a dunƙule, maiƙo ya manne su. Su ne garin da kike gani a kafaɗarki.

Kun ga ke nan abu uku ne suke haɗuwa: ƙwayar, da maiƙon, da irin fatar da Allah ya yi wa mutum. Na ukun nan shi ya sa za ki ga 'yan uwa biyu ciki ɗaya, ɗaki ɗaya, sabulu ɗaya, ɗaya kanta fes ɗaya kuma tana fama. Maiƙon kuma shi ya sa yake farawa da balaga, lokacin da jiki ya soma fitar da maiƙo da yawa. Ku lura da 'yan matanku da suka fara girma, yawanci a nan ake fara jin ƙorafin ƙaiƙayin kai. Sannan akwai abubuwan da suke zuga shi: damuwa, rashin barci, jinya, da sanyin hunturu. Mace ta shiga hidimar biki ko ta yi zaman jinya a asibiti, ta dawo ta tarar kanta ya rikice, ba mamaki ba ne.

Yanzu bari in zo kan abin da ya sa na tara ku, maganar mai. Dukanmu a hannun iyaye da kakanni muka tashi, kuma abin da muka gani shi ne, da an ga fari a kai sai a ce kan ya bushe, a kawo mai. A tsaga gashi layi-layi a bi da man shanu, ko man kaɗanya, ko man kwakwa, ko basilin, yanzu kuma ga man zaitun da haɗe-haɗen kwalba da ake tallatawa a waya. Ba na raina hikimar iyayenmu, domin gashinmu irin mai murɗewa ne, yana saurin bushewa yana karyewa, yana kuma son mai ƙwarai. Sai dai gashi daban, fatar kai daban. Amosani na gaskiya yawan maiƙo yake bi, ba ƙarancinsa ba. Wani abu da na karanta ya tsaya mini a rai: a ɗakin bincike, idan masana suna son su raini wannan ƙwaya ta yi yawa don su nazarce ta, man zaitun suke zuba mata a kan abin da suke shuka ta. Ku duba fa. Abin da ake kiwata ta da shi, shi muke kashe kuɗi mu saya mu shafa mata da hannunmu, mu kawo ɗankwali mu rufe, mu ɗora hijabi, ga ɗumi ga gumi.

Na san abin da za ku ce, domin an sha faɗa mini: "Amma Anti, ni fa idan na shafa mai yana ɓacewa." Gaskiya ne, a ido yana ɓacewa. Man yana jiƙa garin ya manne shi da fata, farin ya koma kalar kai, ƙaiƙayin ya ɗan lafa, musamman idan man mai sanyaya fata ne irin mai kafur ko minti. Kwana uku zuwa huɗu sai ki ji susar ta dawo fiye da da, kuma ranar tsifa ki tarar da ɓawo ya yi kauri ya kwanta a gindin gashi. Sai ki ce man ne bai isa ba, ki ƙara. Haka ake ta zagaye, shekara ta bi shekara. Shi basilin ba abincin ƙwayar ba ne kamar man shanu da man zaitun, amma yana like fatar, ya riƙe gumi da ƙura da matacciyar fata wuri guda, kuma ruwa kaɗai ba ya fitar da shi.

Ba ina cewa babu bushewar kai ba ne. Akwai, musamman da hunturu, ko ga mai wanke kai da sabulu mai kaifi. Bambance su ba wuya. Garin bushewa ƙanana ne, farare fat, busassu, da kin kaɗa sun tashi, kuma za ki ga sauran jikin ma ya bushe, ƙafa ta yi fari, leɓe ya tsage. Shi wannan ɗan mai kaɗan da rage sabulu sun ishe shi. Na amosani kuwa manya ne, masu danƙo, suna manne wa gashi, kan yana ƙaiƙayi ko da yana sheƙi da mai, kuma ba ya jiran hunturu, ko da damina yana nan. Idan naki irin na biyun ne, shawarata ita ce man ya tsaya a jikin gashi, daga tsakiya zuwa baki. Kada ya sauka a tsaga. Ki gaya wa mai kitsonki haka tun kafin ta buɗe robar, cikin girmamawa, ko da za ta ce ba a saba ba.

Sai maganar daɗewar kitso, wadda na san tana da nauyi. Kitso kuɗi ne, lokaci ne, ciwon wuya ne. Wadda ta wuni zaune aka yarfa mata ƙananan kalaba, ko ta biya kuɗi mai yawa aka saka mata ƙarin gashi, ba za ta so ta ji an ce ta jiƙa shi ba. Sai a bar shi wata ɗaya, wata biyu, ruwan sabulu bai taɓa fatar ba. A duk tsawon lokacin nan maiƙo yana taruwa, ƙwayar tana hayayyafa. Ga kuma wani abu da ba mu cika faɗa ba sai a irin wannan zama: matar aure tana yawan zuba ruwa a kai saboda wankan ibada, ba tare da ta kwance kitso ba, sannan ga sauri, ga girki, ga shirin yara, sai ta ɗaure kan da danshinsa ta fita. Ruwan nan bai wanke maiƙo ba, danshi kawai ya ƙara. Zuwa yamma kan ya ɗau wari da ƙaiƙayi. Abin da ya kamata shi ne ki samu tawul mai tsotse ruwa ki danna tsaga-tsaga, ki bar kan a buɗe cikin ɗaki ko gaban fanka har ya sha iska. 'Yar hular da ake sawa ƙarƙashin hijabi kuma a riƙa wanke ta kamar yadda ake wanke kayan ciki, a samu ta auduga, a samu fiye da ɗaya. Haka rigar matashin kai.

Kankarewa kuwa, don Allah mu bar ta. Na san daɗin da ake ji idan mai kitso ta sa bakin mataji ko kibiya tana bin tsaga tana ɗago ɓawon, har lumshe ido ake yi. Amma fatar da take a fusace ce ake ƙara yagewa. Za ki ga wani wurin ya yi ja, wani ya tsatso da ruwa ko jini, daga nan ƙuraje su biyo baya. Fatar kuma idan aka ji mata ciwo ƙara saurin saɓa take yi. Shi amosani a kan kansa ba ya cinye gashi har ya bar sanƙo. Susa da farce, da kankara, da kitso mai tsauri da ke ɗaga gira, su ne suke kai gashin gaban goshi ƙasa.

To mene ne magani? Sabulun wanke kai ne mai ɗauke da sinadarin da ke rage ƙwayar, kuma ana samunsa a kemis. Idan kin je, kada ki tsaya kan hoton da ke jikin roba, ki juya ki karanta abin da ke ciki, ko ki ce mai kemis ya karanta miki. Wanda likitoci suka fi rubutawa shi ne mai ketoconazole na kashi 2 cikin 100, irin su Nizoral. Akwai mai selenium sulfide, irin su Selsun, yana aiki sosai, sai dai yana da ɗan wari, yana kuma iya sauya launin gashin da aka rina ko furfura idan ba a ɗauraye da kyau ba, kuma a cire 'yan kunne da zobe kafin a taɓa shi. Akwai mai zinc pyrithione, wanda shi ne aka daɗe da sanin Head & Shoulders da shi, ko da yake ƙasashen Tarayyar Turai sun hana sa shi a kayan kwalliya tun 2022, shi ya sa za ki ga waɗanda suka fito daga can piroctone olamine ne a ciki, shi ma yana yaƙar ƙwayar. Idan ɓawon ya yi kauri, mai salicylic acid yana taimakawa wajen narkar da shi a hankali, ya yi miki aikin da kike nema a wurin kankara ba tare da rauni ba.

Amma ƙawayena, yawancin waɗanda suka ce sun gwada shamfu bai yi musu ba, a wurin amfani da shi aka samu matsala, don haka ku saurara da kyau. Maganin na fatar kai ne, ba na gashi ba. Ki jiƙa kan, ki raba gashin gida huɗu ko shida, ki ɗiba a yatsa ki bi fatar kanta, ki murza da tafin yatsu ba da farce ba, har bayan kunne da ƙeya. Daga nan sai ki bar shi ya zauna minti uku zuwa biyar. Wannan jiran shi ne maganin. Wadda ta shafa ta ɗauraye nan take, kuɗinta ta zubar a rariya. Ki duba agogo, ko ki yi sauran wankanki kafin ki dawo kansa. Sannan ki ɗauraye sosai. Irin waɗannan sabulai suna busar da gashi irin namu, saboda haka ki bi jikin gashin da kwandishina, ki kuma shafa manki a baki-bakinsa bayan ya sha iska.

A takardar ketoconazole za ki ga an ce sau biyu a mako, na tsawon mako biyu zuwa huɗu, daga nan a koma sau ɗaya a mako ko a mako biyu don kada ya dawo. Ƙungiyar likitocin fata ta Amurka kuma tana ba masu gashi mai murɗewa irin namu shawarar sau ɗaya a mako, saboda gudun karyewar gashi. Ni abin da nake gaya wa 'yan uwana shi ne, ki ware wata guda ki ce na jinyar kai ne. A watan nan ki haƙura da ƙananan kitso da ƙarin gashi. A yi miki manya guda shida ko takwas, ko shuku mai faɗin tsaga, wanda za ki iya kwancewa ki mayar da kanki ko ƙanwarki ta kama miki. Idan kuma dole kitson ya zauna, ki zuba shamfun a 'yar roba mai tsinin baki, ki sirka da ruwa kaɗan, ki bi tsaga ɗaya bayan ɗaya, ki jira mintocin nan, ki ɗauraye, ki busar. Kitson zai ɗan tashi, amma gara kitso ya tsufa da wuri da a ce fatar ta lalace.

Akwai gaskiyar da masu tallan haɗi ba za su gaya muku ba, ni kuwa dole in faɗa. Amosani ba ya warkewa a rabu har abada. Ƙwayar 'yar gida ce, fatar kuma taki ce, ba za ki canza ta ba. Lallaɓa shi ake yi. Zai tafi ki manta da shi, wata rana hunturu ya shigo ko damuwa ta taso ya leƙo, sai ki koma wa robarki. Duk wadda ta ce miki tana da man da zai kashe shi gaba ɗaya cikin kwana uku, kuɗinki take so. Idan kuma wani shamfu ya yi miki aiki da farko daga baya ya yi sanyi, ki canza zuwa mai wani sinadarin, ko ki riƙa karɓa-karɓa tsakanin biyu.

Abu biyu nake roƙonku ku guje wa a kemis. Na farko ƙwayar ketoconazole ta sha. Wasu sukan ce tunda na wankewa yana aiki, na haɗiya zai fi. Ba haka ba ne, ƙwayar maganin tana iya yi wa hanta mummunan lahani, har hukumomin magunguna na Turai da Amurka suka taƙaita amfani da ita a 2013. Na wankewar kuwa kusan ba ya shiga jini. Na biyu, mayukan nan na tub da ake ce wa uku-a-ɗaya, waɗanda ake shafawa ga kowane ƙaiƙayi, har wasu na zuba su cikin man shafawa don haske. Yawancinsu akwai sinadarin sitiroyid mai ƙarfi a ciki. Yana kwantar da ƙaiƙayi nan da nan, amma idan aka daɗe ana shafawa fata tana sirancewa, ƙuraje su fito, ranar da aka daina kuma ciwon ya dawo da fushi. Likita yakan rubuta irinsa na 'yan kwanaki idan kan ya yi ja ya kumbura, amma da ƙa'ida da ranar dainawa. Mai ciki da mai shayarwa kuma su tambaya kafin su fara kowane iri.

Na gida fa? Karkashi yana da kyau wurin wanke gashi da sa shi laushi, yauƙinsa yana sauƙaƙa taje kai, ba ni da ja a kansa, sai dai ba ya kashe ƙwayar. Sabulun salo yana fitar da maiƙo, amma yana da kaifi, mai fata mai saurin fushi ta sirka shi ta kuma ɗauraye da kyau. Waɗanda nake jin tsoro su ne lemun tsami tsagwaronsa, da kanwa, da tafarnuwa, da garin sabulun wanki, a kan fatar da aka riga aka sosa ta yi rauni. Raɗaɗin da kike ji ba alamar magani yana ci ba ne, ƙuna ce. Kananzir da maganin ƙwari kuwa kada ma su kusanci kan ɗan Adam, ko don amosani ko don ƙwarƙwata, domin guba ne kuma fata tana tsotsa.

Masu sa rilaksa, ku ma ga taku. Man nan sinadari ne mai ƙuna, yawancinsa dangin soda ne. Idan kan yana cikin tashin amosani, an sosa ya yi ja, kada a sa, a bari ya lafa tukuna. Kuma ba kowane ɓawo da ya fito bayan an je shagon gyaran gashi ne amosani ba. Wani ƙunar rilaksa ce take warkewa, wani kuma jiki ne ya ƙi baƙin rini, har fatar goshi da kunne su kumbura. Wani ma busasshen jel ne kawai yake farfashewa.

Wani lokaci amosanin yakan wuce kai ya sauko. Za ki ga gira tana gari, gefen hanci yana saɓa, bayan kunne yana tsagewa, bakin gashin goshi ya yi zobe. A fatarmu baƙa ba lallai ya yi ja ba, sau da yawa fari-fari yake yi, sai a ɗauka ƙyasfi ne ko sabon mai ne ya ɓata fuska. Ciwo ɗaya ne da amosanin, ya dai ƙara ƙarfi ne, kuma launin yana dawowa idan an yi magani. Ku duba maigida ma, nasu a gemu da gashin baki yake ɓuya, ga hular da ake wuni da ita ba a cika wanke cikinta ba. Kumfar shamfun nan idan ya shafa a gemun ya jira mintocinsa, tana yi masa aiki. Amma idan kin yi wata guda kina bin ƙa'ida babu sauƙi, ko ɓawon ya yi kauri yana da iyaka a fili, kuma akwai irinsa a gwiwar hannu ko ta ƙafa, wannan yana iya zama wata cutar fata da ake kira soriyasis, maganinta daban. Idan kuma ya taso farat ɗaya da tsanani, ya bazu fuska da ƙirji, ga rama ko yawan zazzaɓi, a je asibiti a yi gwajin jini, domin yakan yi haka idan garkuwar jiki ta yi rauni, har da mai ɗauke da cutar ƙanjamau. Ba tsoratarwa nake yi ba, sanin da wuri shi ne rahama.

Bari in ƙare da yara, domin nan ne zuciyata ta fi karkata. Jariri sabon haihuwa yakan yi wani ɓawo mai maiƙo a tsakiyar kai cikin watannin farko. Ba ya yi masa ciwo, kuma yakan tafi da kansa kafin ya shekara. A nan kam ana iya shafa ɗan basilin ya jiƙa, a wanke da sabulun jarirai, a goge da tsumma mai laushi, ban da ɓamɓara da farce, balle a kusa da maɗiga. Amma daga yaye zuwa balaga, yaro ba ya cika yin amosani ba, saboda fatarsa ba ta fara fitar da maiƙon ba. Don haka idan kin ga ɗan shekara biyar ko takwas kansa yana gari, ga wani wuri zagayayye da gashi ya karye ko ya zube, wani lokaci da ƙuraje masu ruwa ko kaluluwa a ƙeya, ki fara zargin makero. Shi kam ana ɗauka. Yana bin aska da injin aski da mataji da hula da matashin kai, shi ya sa yake zagaye gida ɗaya, ko aji ɗaya, ko makarantar allo. Ƙwayarsa cikin silin gashi take shiga, inda man shafawa da shamfu ba sa kaiwa, saboda haka sai an haɗa da maganin sha, irin su griseofulvin, na tsawon mako shida zuwa takwas bisa awon likita. Idan aka yi sakaci ya kumbura ya yi ruwa, yana iya barin tabon da gashi ba zai sake tsirowa a wurin ba, yarinya ta girma da shi har ɗakin mijinta.

Don Allah, yau da daddare kowace ta jawo 'ya'yanta, da 'yan riƙo, da almajirin da ke yi mata aike, ta haska fitila ta duba kawunansu. Wadda ta ga irin wannan zagayen, kada ta shafa toka ko man birki, kada ta jira ya gama zagaye gidan. Ta ware masa matajinsa da hularsa, gobe da safe ta kai shi asibiti.